Yadda Horace Gittins Ya Nemi Zama Jantulman

Duk wanda ya tashi a ƙauyenmu na Stoke Aldry kafin talabijin ta shigo gidaje ya san Horace Gittins mai gyaran piyano. Dogo ne siriri, wuyansa kamar na zalɓe. Kullum za ka gan shi bisa baƙin keke, jakar kayan aiki ɗaure a baya, malafa a ka, safa a hannu ko da rana ta take. Ba ya taka keken da sauri. Ko ruwa ake tsugawa, haka zai yi ta tafiya a miƙe kamar an soka masa tabarya a baya, domin ya karanta a wani wuri cewa jantulman ba ya gaggawa. Da ya tsufa, shi da bakinsa yake ba da labarin kansa a mashaya, yana cewa wannan karatun kaɗai ya jawo masa mura ta fi sau arba'in.

Ɗan mahauci ne. Ubansa Enoch yana da shagon nama a bakin kasuwa, ƙaton mutum mai muryar da ake ji daga gada. A ɗakin da ke saman shagon aka haifi Horace a 1903, ya tashi cikin ƙarnin jini da kitse, amma Allah ya ba shi kunne. In aka kaɗa piyanon makaranta, shi kaɗai yake yamutsa fuska a wurin da tsirkiya ta saki. Da ya kai shekara goma sha huɗu aka kai shi Ludlow koyon sana'a wurin wani mai sayar da kayan kiɗa, a can kuma ya gamu da laburare. Littattafan labarai ne masu jan bango ya yi ta ara, irin waɗanda a cikinsu kowane namiji ko dai jantulman ne ko ba shi ba ne, marubucin kuma ba ya barin ka cikin shakka.

Mu mutanen ƙasar nan mun haƙa wa kanmu rami da wannan kalma. Da ita muke kiran ɗan asali mai gonaki da barori wanda bai taɓa ɗaga abin da ya fi cokali nauyi ba. Da ita kuma muke kiran mutumin kirki, ko da a bukka yake kwana. Ɗan talaka ya ji ma'ana ta biyu sai ya ɗauka da shi ake, sai ya matso kusa ya tarar ta farkon ake nufi. Horace bai gane haka da wuri ba. Abin da ya tsinta a littattafan shi ne jantulman ba ya ƙorafi, ba ya ɗaga murya, ba ya barin kowa ya ji kunya a gabansa. Ya ga duk wannan ba ya buƙatar gona, sai ya ɗaura ɗamara.

A gida aka fara shan wahalarsa. Wata Asabar yana taya uban aiki a shago, Enoch ya ce, "Kai Horace, miƙo min hantar nan."

"Baba, da dai ka ce don Allah."

Enoch ya ajiye wuƙa, ya goge hannu a gaban riga, ya ɗan rusuna. "Don Allah, ranka ya daɗe, a taimaka a miƙo min hantar nan kafin in maka wa mai girma ita a fuska."

Aurensa ma da don ta tasa ce da ba a yi ba. Enid Preece, 'yar mai wanki da guga, ita yake so, amma shekara biyu abin da yake yi kawai shi ne ɗaga mata malafa in sun haɗu a hanya. Ran nan ta tare gaban keken da kwandon wanki a kwankwaso.

"Wai kai, wannan malafar da kake ta ɗaga min, ƙaiƙayi kanka yake yi ko magana ce a bakinka?"

Ya ce ai bai so ya takura mata ba ne.

"To ka takura min. Ranar Lahadi Babana yana gida."

Haka aka yi. Suka zauna a wani ɗan gida bayan coci, ita tana guga, shi yana zagaya ƙauyuka da kekensa. A wancan zamani duk gidan da ke son a ce da shi gida yana da piyano a falo, ko da babu mai iya kaɗa shi, saboda haka aiki bai taɓa yanke masa ba. Amma gida ɗaya ne a ransa, gidan Kanar Lydbrook, wanda muke kira Babban Gida.

Babban Gida yana da ƙofa biyu. Likita da limamin coci da baƙin Kanar ta gaba suke shiga. Mai kawo gawayi da mai kawo nama, har da Enoch, ta baya. Mai gyaran piyano kuwa babu wanda ya taɓa yanke masa hukunci, domin aikin hannu yake yi, amma a falo yake yin sa. Ranar da aka fara kiran Horace, ya jingine keke ya tsaya a tsakar fili, ya dubi wannan ƙofa ya dubi waccan, har Misis Tudge kukun gidan ta leƙo ta tagar kicin.

"Ɗan Enoch, in nama ka kawo, ga ƙofa nan. In kuma auren 'yar gidan ka zo nema, ga ta gaba can. Amma ka bar tsayuwa a nan kamar gunki, kana tsorata kaji."

Ya zagaya gidan yana gumi, sai ya ga wata ƙofar gilashi da ke fita lambu daga ɗakin piyanon, an bar ta a buɗe. Ta nan ya shiga, ta nan kuma ya ci gaba da shiga sau huɗu a shekara, yana tsallake furannin uwargida. Babu wanda ya ce masa don me. Shayinsa ma haka aka yi da shi. Ba a kira shi kicin ba, ba a kuma ce ya zauna a falo ba. Ana kawo masa a kofin tangaran na manya, amma wanda bakinsa ya ɗan ɓalle, ya sha a tsaye.

Kanar gajere ne, jajir, mai gashin baki kamar tsintsiya. Shekara shida yana ce masa Mista Gittins. Wata rana ya leƙo ɗakin ya ce, "Yaya aikin, Gittins?" ya wuce. Horace ya koma gida ya kai wa Enid labari. Manyanmu suna kiran abokansu da sunan uba kawai, ba Mista, haka kuma suke kiran barorinsu. Ɗan kasuwa da mai sana'a su ake yi wa Mista, don a nuna musu iyakarsu cikin ladabi.

Enid ta saurare shi tana guga. Ta ce, "To da wa ya haɗa ka? Da abokansa ko da direbansa?"

"Shi ne ban sani ba."

"Ina jin da karensa ne. Shi ma suna ɗaya gare shi."

Sai maganar kwat. Horace ya daɗe yana tarin kuɗi har ya ɗinka kwat ta ulu mai kauri irin ta manyan ƙauye, ya sa ta ya tafi Babban Gida yana jin kansa. Kanar ya dube shi sama da ƙasa ya ce, "Sabuwa ce, ko?" Sai a lokacin Horace ya lura da ta jikin Kanar. Gwiwar hannunta duk faci ne, wuyanta ya goge, ashe ta ubansa ce ya gada. Ɗan asali ba ya sa sabon abu, domin sabon abu yana nuna jiya ba ka da shi.

Horace ya koma gida ya shiga tsufar da kwat. Ya shimfiɗa wa karen maƙwabta ita ya kwana a kai wata guda. Ya goge gwiwar hannun da bulo. Ya rataye ta a bishiyar tuffa ruwa ya dake ta. Enid ta yi mata facin fata tana cewa ita dai ta ga masu wanke datti, amma yau ta ga mai sayen sa. Da ya koma Babban Gida cikinta, Misis Tudge ta ja shi gefe, idonta ya kawo ruwa.

"Ɗan Enoch, ban san abin ya kai haka ba. Ai da ka yi magana."

Ta miƙa masa ƙunshin tsofaffin kayan Kanar da aka ware don mabuƙata. Ya rasa yadda zai ƙi ba tare da ya kunyata ta ba, ya karɓa ya yi godiya. Ga kwat ta ɗan asali ta gaske ta zo hannunsa, amma a matsayin sadaka, hannunta kuma bai wuce masa rabin damtse ba.

Ranar da ya fi yawan ba da labarinta ita ce wata Laraba a bazarar 1938. Yana ɗakin piyano, kansa cikin tsirkiyoyi, sai uwargidan Kanar ta shigo tana murza hannu. An shirya abincin rana na mutum goma sha huɗu, baƙo ɗaya ya aiko cewa ba shi da lafiya, ita kuwa ko za a yanka ta ba za ta zaunar da mutum goma sha uku a tebur ba, don an ce ɗaya daga cikinsu ba zai ga baɗi ba.

"Mista Gittins, ko za ka taimake mu ka cika mana tebur?"

Ya san cike gurbi aka kira shi yi, kamar yadda ake saka takarda ƙarƙashin ƙafar tebur mai rawa. Bai damu ba. Shekara ashirin yana shirin wannan rana. Ya san da wane cokali ake farawa, ya san ba a hura miya, ya san ana yi wa ta dama hira sannan a juya ga ta hagu. Aka zaunar da shi kusa da gwaggon Kanar, wata tsohuwa mai suna Mis Honoria, wadda kunnenta ya yi nauyi amma idonta kamar na shaho.

Miya ta wuce lafiya. Kifi ya wuce lafiya. Har wani alƙali mai ritaya ya tambaye shi ra'ayinsa kan ruwan bana, ya kuma gyaɗa kai da ya ji amsar. Sai aka kawo latas daga lambun gidan. Horace ya ɗaga ganye ɗaya da cokali mai yatsu, sai ga tsutsa koriya shar, mai ƙiba kamar ɗan yatsa, tana miƙa.

Ya yi tunani da sauri. In ya ture ta gefen faranti, za a gani, uwargida ta ji kunya, Misis Tudge ta sha faɗa. In ya sa ta a aljihu, bara na tsaye a bayansa. Ya naɗe ta cikin ganyen, ya rufe ido, ya haɗiye, ya bi da ruwa. Ya ce a ransa ko a littafi ba a yi abin da ya fi wannan ba.

Bai gama ajiye kofin ba sai ga muryar Kanar daga kan tebur yana kiran matarsa. "Margery, tsutsa ce wannan a farantina? Tudge ta fara ba mu nama biyu ke nan." Ya ɗaga ta a bakin wuƙa kowa ya gani, aka kwashe da dariya, uwargida ma har da share hawaye. Babu wanda ya ji kunya ko kaɗan.

Sai Mis Honoria ta juyo, da irin muryar masu nauyin kunne, ta ce, "Mista Gittins, ina taka? Na ga wata ƙatuwa a ganyenka, tun ɗazu nake kallon ta."

Horace ya ji kunnuwansa sun ɗau zafi.

"Ta tafi, ranki ya daɗe."

"Ta tafi ina? Ai ban ɗauke ido ba."

Ido ashirin da shida suka sauka kan farantinsa, sannan suka hau wuyansa. Wata budurwa ta toshe baki da adiko. Kanar ya dube shi na ɗan lokaci, ya dubi tsutsar da ke bakin wuƙarsa. Sai ya ɗora ta kan ganye, ya barbaɗa gishiri, ya jefa a baki, ya tauna a hankali.

"Ba laifi," in ji shi. "Gittins ya fi mu sanin abinci. Alƙali, me kake cewa ɗazu game da gadar nan?"

Hira ta koma kan gada. Babu wanda ya sake ambaton latas.

Da Horace ya ba Enid labari da yamma, ta ajiye dutsen guga ta zauna. "Tsaya in gane. Wato ƙattin maza biyu sun zauna a gaban jama'a sun ci tsutsa. Kai ka ci don kada matarsa ta ji kunya, shi ya ci don kada kai ka ji."

"Haka ne."

"Alhali da kowa ya ture tasa gefe, da an wuce wurin."

"Ba za ki gane ba, Enid."

"Na gane sarai. Gobe zan daina wanke kabeji."

Ba a sake gayyatar sa tebur ba, shi ma bai sa rai ba. A mashaya yakan ce ya shekara ashirin yana koyon abin da Kanar ya yi cikin daƙiƙa biyar ba tare da ya karanta ko shafi ɗaya ba. Wani lokaci kuma, in an cika masa kofi na biyu, yakan ƙara da cewa amma tasa tsutsar ta fi ta Kanar girma.

Yaƙin duniya ya zo, sojoji suka zauna a Babban Gida, suka kaɗa piyanon har haƙoransa da ake dannawa suka zube. Bayan yaƙi aka sayar da gidan aka mai da shi makarantar kwana. Kanar ya rasu a gidan 'yarsa can kudu, Horace ya hau jirgin ƙasa ya je jana'iza ya tsaya a sahun baya. Daga nan zamani ya fara juya masa baya. Talabijin ta shigo, kuma a ƙananan falukanmu babu wurin abu biyu. Aka riƙa tura piyano zuwa rumbu, kaji suna ƙwai a ciki. Waɗanda suka rage masa yawanci tsofaffin mata ne da mazansu suka mutu, waɗanda ba gyaran ne ya dame su ba, so suke wani ya zo ya zauna ya sha shayi ya ji labarin ciwon gwiwa. Yana zuwa, yana ji, ba ya duba agogo.

A 1964 wani sabon wasa ya shigo bukukuwan ƙauye, wai gasar fasa piyano. Samari huɗu huɗu za su ɗauki guduma su farfasa tsohon piyano, su zura kowane guntu ta wani ɗan rami da aka huda a jikin katako, waɗanda suka riga gamawa su ne gwanaye. Sabon limamin cocinmu, Rabaran Ockley, matashi mai son a ce yana tafiya da zamani, ya ga ya kamata a yi a bikin coci. Ya tare Horace bayan addu'ar Lahadi.

"Mista Gittins, muna neman alƙalin gasa, kuma duk ƙasar nan babu wanda ya san piyano kamarka."

Horace ya ji kamar an ce ya zo ya riƙe ƙafa a yanka ɗansa. Ya buɗe baki, abin da ya fito shi ne, "Da farin ciki, Rabaran."

Enid ta bari sai da suka fita harabar coci. "Da farin ciki? Mutumin nan ya ce ka zo ka kalli ana ragargaza abincinka, ka ce da farin ciki?"

"Da kyakkyawar niyya ya faɗa."

"To ni zan je in faɗa masa da mummunar niyya."

Ya roƙe ta ta bari.

Ranar bikin ya yi sammako zuwa filin. Ya san abin da samarin ba su sani ba, cewa tsirkiyar piyano a ɗaure take tamau, in guduma ta tsinka ta tana iya cire wa mutum ido. Ya zo ne ya sassauta su. Piyano biyu aka ajiye kan ciyawa, duka ya san su. Ɗaya na mashaya ne, ɗaya kuwa na marigayiya Misis Beddoes, wanda ya yi shekara talatin yana kula da shi. Ya buɗe murfin na biyun, ya danna haƙori ɗaya don sabo, ya ji ya ɗan sauka. Ya ce bari dai ya gyara wannan ɗaya. Da ya gyara shi sai na kusa da shi ya fito da laifinsa. Masu kafa rumfunan sayar da kek suka iso suka tarar da shi ya cire kwat, kunne a jikin katako, ya kusa kai ƙarshe. Sai da ya saita piyanon tsaf, ya kaɗa shi daga farko zuwa ƙarshe ya ji babu inda ya saki, sannan ya bi tsirkiyoyin ɗaya bayan ɗaya ya kwance abin da ya ɗaure.

Da ƙarfe uku ya tsaya da agogo a hannu, ya ɗaga adiko, ya sauke. Gudumomi suka hau aiki, jama'a na ihu. Bai kau da kai ba, don alƙali ne. Samarin mashaya suka riga gamawa, suka fara tsalle. Horace ya matsa kusa da babbansu, wani ɗan maƙeri, ya ce a hankali, "Ina jin wani ƙarfe ya faɗa maka aljihu bisa kuskure." Saurayin ya yi jajir, ya zaro ƙarfen piyanon da ake takawa da ƙafa, wanda ya ɓoye don ya ƙi shiga ramin. Kafin su lanƙwasa shi su zura, ɗaya ɓangaren sun gama.

Rabaran Ockley ya riƙe hannun Horace da hannu biyu, ya ce bai taɓa ganin alƙalanci mai tsabta irin wannan ba, ya ba shi kwalbar zuma, ya kuma tambaya ko zai sake yi musu baɗi. Enid na tsaye a gefe tana harararsa. Ya ce zai yi.

Shekara uku a jere yana yi, kowace shekara da sammakonsa, har piyanon da za a fasa suka ƙare a ƙauyen aka koma gasar jan igiya. Ya rasu a farkon sanyin 1969, a kujerarsa, bayan abincin rana. Enid ta yi shekara goma sha ɗaya a bayansa. Duk wanda ya je gaishe ta sai ta ba shi labarin wautar mijinta tana dariya, amma ranar da wani baƙo ya taya ta da cewa lallai mutumin bai cika wayo ba, ta karɓe kofin shayin daga hannunsa ta nuna masa hanya.